DJ Screw, Mutumin da Ya Rage wa Kiɗa Gudu

A tsakiyar shekarun 1990, 'yan sandan birnin Houston da ke jihar Texas ta Amurka sun sa wa wani gida ido a titin Greenstone, can kudu maso gabashin gari. Da rana gidan shiru, ƙyaure a garƙame. Da ƙarfe takwas na dare ta yi sai motoci su cika titin har su toshe ƙofar maƙwabta, samari su fito su ja layi, kowa da kuɗi a dunƙule a hannu. A buɗe ƙyaure, a miƙa kuɗi, a karɓi wani ɗan abu a cusa a aljihu, a wuce. A unguwar baƙar fata, a zamanin da hodar iblis ta addabi biranen Amurka, ɗan sanda bai ga sunan da zai ba wannan ba in ban da dillancin ƙwaya. Suka fasa ƙofa suka shiga. Abin da suka tarar fayafayan garmaho ne jibge, da na'urori, da kwalayen kaset. Ashe kaset ake wa layin, guda dala goma.

Mai gidan, Robert Earl Davis Jr., saurayi ne ɗan shekara ashirin da 'yan kai, gajere mai kauri, marar yawan magana, wanda duk kudancin Houston suka sani da DJ Screw. Rediyo ba ta sa kiɗansa, ba kuma wani babban kamfani a bayansa. Aikinsa shi ne ya ɗauki waƙoƙin hip hop, waɗanda muke kira gambarar zamani, ya rage musu gudu har muryar mawaƙi ta yi kauri ta riƙa jan ƙafa, ya yayyanka su ya sake jerawa, sannan ya miƙa wa yaran unguwa makirfo su ɗora nasu a kai. Shekara goma ya yi yana wannan aiki, ya rasu yana da 29.

An haife shi ranar 20 ga Yuli, 1971, a gundumar Bastrop, ya yi mafi yawan ƙuruciyarsa a Smithville, wani ɗan garin jirgin ƙasa mai mutane 'yan dubbai, tafiyar kamar awa biyu daga Houston. Mahaifinsa direban babbar mota ne da ke zaune a Houston. Mahaifiyarsa ce ta riƙe shi, kuma ita ce mai fayafayai a gidan, na B.B. King da Johnnie Taylor da ire-irensu. An sa shi koyon fiyano yana yaro, amma da fim ɗin Breakin' ya fito a 1984 ya ga yadda DJ ke dafe faifai da yatsa yana sa shi magana, garmahon uwarsa bai sake hutawa ba. Yana da wata ɗabi'a a lokacin: in faifai bai yi masa ba, sai ya ɗauki ƙusar murɗawa, wadda a Turance ake kira screw, ya karce fuskarsa don kada wani ya sake sa shi. Abokin ƙuruciyarsa Shorty Mac ya gan shi yana haka, ya tambaye shi cikin tsokana ko DJ Screw yake ji da kansa. Suna ya bi shi.

Yana matashi ya koma wurin mahaifinsa, a wasu gidajen haya da ake kira Quail Meadows kusa da filin jirgin sama na Hobby. Aka sa shi sakandaren Sterling, bai ƙarasa ba. Ya fara samun 'yan canji da sa kiɗa a wani filin wasan takalmi mai taya da ke titin Almeda, duk abin da ya samu kuma a shagon faifai yake ƙarewa.

Sai an san Houston kafin a gane kiɗansa. Shi ne birni na huɗu a yawan jama'a a Amurka, garin man fetur da tashar jirgin ruwa, shimfiɗe a fili kamar ba zai ƙare ba, ga zafi ga gumi mafi yawan shekara. Ko'ina za ka sai da mota, kuma tafiyar da nisa. Saurayin New York a jirgin ƙasa yake jin waƙarsa, cikin turereniya da hanzari. Na Houston a mota yake ji, gilashi a sauke, yana tafe a hankali don a gan shi. Faɗuwar farashin mai a tsakiyar shekarun 1980 ta kwashe ayyuka daga garin, unguwannin baƙar fata irin su South Park da Sunnyside da Third Ward suka ji a jika, hodar iblis kuma ta shigo ta tarar da samari zaune. A fagen waƙa kuwa New York da Los Angeles ke raba gari. Houston na da Geto Boys da suka yi tashe a 1991, amma masu faɗa a ji kallon baƙauye suke wa duk wanda ya fito daga kudu. Har a 1995, da aka ba OutKast na Atlanta lambar yabo a bikin mujallar The Source a New York, ihun raini 'yan kallo suka yi musu.

Yadda abokansa ke ba da labari, wajajen 1990 ne suna zaune a ɗakinsa yana juya faifai, sai ya ja maɓallin gudu ƙasa, kiɗan ya yi nauyi. Ɗaya daga cikinsu ya ce a yi masa kaset guda cur a haka, ga dala goma. Ba a daɗe ba wasu suka ƙwanƙwasa ƙofa. Wani DJ da ya girme shi, Darryl Scott, ya riga shi gwada rage gudu a wasu kaset ɗinsa, kuma Screw na ganin girmansa. Sai dai abin da Scott ke taɓawa jefi-jefi, Screw ya mai da shi sana'arsa baki ɗaya.

Duk wanda ya yi zamanin rakoda ya san yadda muryar mawaƙi ke komawa in batir ya fara sanyi: ta yi kauri, ta riƙa jan jiki, mace ta koma kamar namiji. Mu a lokacin cire batir muke mu shanya a rana. Wannan sautin da muke gudu shi Screw ya bi da gangan, ya tsaftace shi, ya daidaita masa ma'auni.

A gabansa akwai garmaho biyu ƙirar Technics 1200, a tsakaninsu na'urar haɗa sauti mai wani ɗan maɓalli da ake turawa hagu ko dama. Sai ya ɗora kwafi biyu na faifai ɗaya, ɗaya a kowane gefe, ya saki na biyun ya biyo na farko a baya da bugu guda. In ya tura maɓallin ya dawo da shi cikin ƙiftawar ido, kalmar da ta wuce sai ta sake dawowa, bugun ganga ya ninku. Wannan shi ne yankan. In wani baiti ya taɓa shi, sai ya dafe faifan ya mai da shi baya ya sake saki, sau biyu, sau uku, har wanda bai kula ba ya kula. Duk da hannu yake yi, ba kwamfuta, ana naɗa a tafi ɗaya. Bayan an gama ne zai murɗa gudun rakodarsa mai layi huɗu ƙasa, ya juye abin da aka naɗa a kaset na asali, wanda daga shi za a kwafi sauran. Gambarar lokacin takan yi bugu 90 zuwa 100 a minti. Tasa takan sauko 60 zuwa 70, kusan bugun zuciyar mutumin da ke hutawa.

Rage gudu kowa zai iya, yau yaro da waya a hannu zai yi shi nan take. Kunnensa ne aka kasa kwaikwaya. Ya san wace waƙa ce ke da abin da sauri ya ɓoye. Yana son mawaƙan Kalifoniya irin su Spice 1 da C-Bo da 2Pac, da na gida irin su Street Military da UGK, har waƙar Phil Collins Baturen Ingila ya sa a kaset. Waƙar da a rediyo take kamar fankama da cika baki, in ta bi ta hannunsa sai ka ji tsoro da gajiya da kewar da ke kwance a ƙarƙashinta. Da aka tambaye shi dalili a hirarraki, amsar da ya fi bayarwa ita ce yana so mutane su ji abin da mawaƙin ke faɗa. Na yarda da wannan amsar, kuma a ganina ita ta fi komai bayyana shi. Mutum ne mai saurare.

Da farko kaset na mutum ɗaya yake yi. Ka zo da jerin waƙoƙin da kake so a rubuce a takarda, ka ce na ranar haihuwarka ne, ko na tunawa da abokin da aka kashe, ko na murnar wani ya fito daga kurkuku. Screw ya haɗa, yana yi yana magana a kan kiɗan da muryarsa mai sanyi, yana ambaton sunanka da na titinku da na mutanenka, na waje da na ɗaure da na kabari. Daga nan masu kaset suka fara karɓar makirfo su gai da nasu da kansu. Gaisuwa ta zama baiti. Ana cewa C-Note na ƙungiyar Botany Boys ne ya fara. Kafin a ankara, wani ɗaki a gidan Greenstone, wanda suke kira ɗakin katako saboda allunan da aka lulluɓe bangonsa da su, ya zama makaranta.

Ka ƙiyasta ɗakin da tsakar dare. Akwatunan fayafayai sun cinye rabin wurin, maza a tsaye a matse, ga hayaƙi ga zafi, makirfo ɗaya na yawo daga hannu zuwa hannu, Screw na sunkuye a kan garmaho. Ba a zuwa da rubutacciyar waƙa. Abin da ya zo bakinka nan take shi za ka faɗa, a kan kiɗa, ba tare da ka zame ba. In ka yi tuntuɓe, tuntuɓen ya shiga kaset, gari duka zai ji. Yawancinsu ba mawaƙa ba ne da suka shigo. Akwai mai aski, akwai ɗan ƙwallo, akwai 'yan buga-buga, akwai masu sayar da abin da doka ta hana. Wani sai ya yi awanni yana jira, har gari ya waye, don Screw ba ya aiki da agogo. Daga ɗakin nan aka sami ƙungiyar Screwed Up Click: Fat Pat da wansa Big Hawk, Lil' Keke, Big Pokey, Big Moe, E.S.G., daga baya Z-Ro da Lil' Flip da Trae.

Baƙo in ya saurara zai ce ba wani abin a zo a gani suke faɗa ba. Motar da suke hawa ce ko suke mafarkin hawa, da fentinta, da titin da suka tashi, da wanda ya ci amana, da wanda aka binne makon jiya. Amma a garin da jarida ba ta ambaton sunan saurayin South Park sai ya yi kisa ko an kashe shi, ga wurin da za a kira sunansa yana raye, a yi masa kirari, motoci su yi ta yawo da shi lungu-lungu. Wannan ake saye da dala goma.

Kaset ɗin da ya fi kowanne shahara an yi shi ranar 27 ga Yuni, 1996, don murnar zagayowar ranar haihuwar wani abokinsu, DeMo. Screw ya ɗauko kiɗan wata waƙar Kris Kross da ba ta yi wani tashe ba, ya riƙa juya shi tsakanin garmaho biyu bai bari ya yanke ba, sama da rabin awa. Big Moe, mai zaƙin murya, shi ke rera amshi yana gabatar da kowa, mutum ya karɓa ya yi nasa ya miƙa. Big Pokey ya yi, wani yaro da ba a san shi sosai ba, Yungstar, ya zuba baitocin da suka canja masa rayuwa. Yau akwai mutanen Houston da suka haddace wannan zama kaf, kuma duk 27 ga Yuni ana taron tunawa da Screw a garin. Drake, ɗan Kanada, a kan wannan kiɗan ya ɗora waƙarsa "November 18th" a 2009.

Kaset ɗin da yake amfani da shi Maxell ne mai ruwan toka, mai cin minti 100, yana sayensu kwali-kwali. Ba hoto, ba ado, sai suna da aka rubuta da hannu. Gwajinsa kuwa a but ɗin mota ake yi. Samarin kudancin Houston na da al'adar ɗaukar tsohuwar Cadillac ko Buick su kashe mata abin da ya fi kuɗinta: jan fenti mai sheƙi kamar an jiƙa shi, ƙafafu masu wayoyin ƙarfe da suka turo waje, lasifikoki cike da but. Ran Lahadi da yamma a jeru a hanyar MacGregor Park, ana tafe ana karkata motar hagu da dama a hankali. Kiɗa mai sauri ba ya shiga da wannan tafiya. Na Screw kuwa, da yake rage gudu na ƙara wa sauti nauyi, sai ya sa ƙarfen mota rawa, a ji shi a ƙirji tun kafin a hango ta. Mota ɗaya ta wuce da sabon kaset, gobe layi ya ƙaru. Rediyon da bai samu ba, motoci suka zame masa, suka kai shi garuruwan Texas har Louisiana.

Akwai maganar da bai kamata a tsallake ba. Waƙoƙin da yake yankawa na mutane ne, kuma bai nemi izini ba. A takarda wannan cin haƙƙi ne. A ƙasa kuwa mawaƙan yankin da kansu suke kawo masa fayafayansu, don sun ga duk wanda ya shiga kaset ɗin Screw kasuwarsa ta buɗe. Ya fitar da 'yan albam bisa ƙa'ida a ƙarƙashin ƙaramin kamfanin Bigtyme Recordz, wanda ya fi fice shi ne kashi na biyu na 3 'n the Mornin', amma zuciyarsa na kan kaset. A farkon 1998, da cunkoson ƙofar gida da sintirin 'yan sanda suka ishe shi, ya buɗe shago a titin Cullen, Screwed Up Records & Tapes. Mutanensa sun sha faɗa cewa manyan kamfanoni sun neme shi bai tafi ba. Waɗanda suka yi suna a ɗakinsa suka je suka sa hannu da wasu, irin Lil' Keke da ya fitar da "Southside" a 1997, shi kuwa bai ɗaure kowa da takarda ba. Wasu na ganin wannan rashin wayon kasuwanci ne, kuma ta fuskar lissafi suna da gaskiya. Ni dai ban ga yadda ɗakin katako zai zama abin da ya zama ba da a ce akwai lauya a bakin ƙofa.

Kaset ɗin bai rasa nasa laifin ba. A shekarun nan akwai gaba mai zafi tsakanin kudanci da arewacin Houston, wadda satar motoci ta hura, kuma baitocin ɗakin Screw sun sha zuba mata fetur. 'Yan arewacin gari da suka gaji da sayen kaset ɗin da ake zaginsu a ciki suka kafa nasu: Michael Watts da OG Ron C suka buɗe Swishahouse, suna rage gudu irin nasa.

Ranar 3 ga Fabrairu, 1998, aka harbe Fat Pat a wani gida inda ya je karɓar kuɗin wasa. Shekararsa 27, albam ɗinsa na farko, Ghetto Dreams, saura makonni ya fito. Shi ne tauraron ɗakin, shi kowa ke sa ran zai fara fita da sunansu duniya. Waɗanda suka san Screw sun ce daga nan bai sake komawa daidai ba.

Sai maganar kwalba. Shan maganin tari don maye ya girmi Screw a Houston, tun shekarun 1960 ana yi a tsakanin makaɗan garin. A zamaninsa abin ya koma maganin da ke haɗe da kodin da furometazin, mai launin shunayya, a zuba a lemon kwalba, a jefa alewa, a sha a farin kofi. A ɗakin katako ana sha, Screw na sha, ana kuma waƙe shi a kaset ba ɓoye-ɓoye. Big Moe ya sa wa albam ɗinsa na shekarar 2000 suna City of Syrup, a bangonsa ga shi yana tuttula maganin a kan benayen Houston. Daga nan labari ya kafu cewa kiɗan Screw ɗan kodin ne, wai sai wanda ya sha zai gane shi.

Wannan ƙarya ce, kuma ƙarya mai kisa. Shi da kansa ya musa, ya ce akwai yara da iyaye maza da mata da ke sayen kaset ɗinsa ba su shan komai. Riƙe faifai biyu a tazarar bugu guda har rabin awa ba kuskure aikin hannu ne da kunne da shekarun gwaji tun daga garmahon uwarsa. Dubbai sun sha a Houston, Screw ɗaya aka yi. Abin da kodin ke yi sananne ne: hanta ta mai da shi mofin, ya danne numfashi, furometazin ya ƙara nauyin barci, jiki ya saba ya nemi ƙari. Mai karatu a Kano ko Dutse ba ya bukatar dogon bayani. A 2017 an shaida wa Majalisar Dattawan Najeriya cewa ana shan kwalba miliyan uku kullum a jihohin Kano da Jigawa, a 2018 kuma, bayan wani binciken BBC, gwamnatin tarayya ta hana haɗawa da shigo da maganin tari mai kodin. Sinadarin da ya cinye mana 'ya'ya maza da mata shi ne dai na Houston. Ina jin zafin yadda kwalbar ta kashe mutumin nan sannan ta ƙwace yabon aikinsa, har wani yaro ya ɗauka basira a cikinta take.

Shekarunsa na ƙarshe aiki ne ba dare ba rana. Yakan kwana ya yini a tsaye gaban garmaho, abincinsa soye-soyen da aka sayo a hanya, jiki ya yi nauyi, barci ya ƙaurace. Ya buɗe sabon situdiyo a kudu maso yammacin Houston. A can ne, ranar 16 ga Nuwamba, 2000, aka tarar da shi kwance a banɗaki, rai ya yi halinsa. Rahoton likitan gawa ya ce kodin ne ya yi yawa a jininsa, haɗe da Valium da PCP. Aka kai shi Smithville aka binne. Ya bar kaset sama da 300.

Ɗakin ya ci gaba da zubewa a bayansa. An harbe Big Hawk a Mayun 2006, kamar ƙaninsa. Big Moe ya rasu a Oktoban 2007 bayan bugun zuciya, yana da 33. Kusan wata biyu bayan haka aka tsinci gawar Pimp C na UGK a wani otal a Kalifoniya, likitoci suka ce maganin tarin ne ya haɗu da ciwon ɗaukewar numfashi cikin barci da yake fama da shi.

Kasuwa kuwa sai da mai ita ya tafi ta buɗe. A 2004 da 2005 Amurka ta waiwayo Houston, amma ta ƙofar arewacin gari ta shigo, da waƙar "Still Tippin'" ta Mike Jones da Slim Thug da Paul Wall. Albam ɗin Paul Wall ya hau na ɗaya a ƙasar a 2005, Chamillionaire ya ci Grammy a 2007, kamfanoni suka fara fitar da albam kashi biyu, na daidai da mai jan ƙafa. Ban ga laifinsu ba. Sun yi aiki, kuma ba su ɓoye inda suka ɗauko ba. Daga nan salon ya bazu. A$AP Rocky, ɗan Harlem a tsakiyar New York ɗin da ta raina kudu, da muryoyi masu jan ƙafa ya fito a 2011. Beyoncé 'yar Houston ta yi amfani da salon, Travis Scott ya sa wa wata waƙarsa sunan Screw a 2018. A fim ɗin Moonlight da ya ci Oscar a 2017, Nicholas Britell ya ɗauki goge da fiyanon Turawa ya rage musu gudu bisa wannan tsari. Waƙoƙin da matasa ke ja suna ɗorawa a TikTok da YouTube yau jikokin kaset mai ruwan toka ne, ko da masu yin ba su taɓa jin sunan Smithville ba. Fayafayan Screw kimanin 1,500 suna ajiye a ɗakin karatu na Jami'ar Houston, an baje kolinsu a 2012, a 2022 kuma Lance Scott Walker ya fitar da littafin tarihinsa.

Ranar 25 ga Mayu, 2020, ɗan sanda Derek Chauvin ya danne wuyan George Floyd da gwiwa a Minneapolis sama da minti tara har ya mutu. Duniya ta ga bidiyon, ta san mutumin a matsayin wanda ke ƙasa yana roƙon numfashi. Floyd ɗan Houston ne, a gidajen gwamnati na Cuney Homes a Third Ward ya tashi, ya yi ƙwallo a sakandaren Yates. Cikin kwanaki mutanen garin suka tono tsofaffin kaset suka ɗora a intanet. Ashe Floyd na cikin waɗanda suka riƙa zuwa wurin Screw a shekarun 1990, da sunan Big Floyd. Ba ya cikin taurarin ɗakin, bai yi arziki da waƙa ba, rediyo ma ba ta san da shi ba. Screw ya miƙa masa makirfo kamar yadda ya miƙa wa mai aski da ɗan ƙwallo. A kaset ɗin ana jin saurayi ɗan shekara ashirin da 'yan kai, da kakkaurar murya, yana wasa kansa, yana zancen motoci, yana kiran sunan unguwarsu da ƙarfi.